Rasuwar Allon Hanya ta Bakwai

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, da hannu mai warin roba, ni mai facin mararraba nake sanar da direbobi da yaran mota da duk mai bin kwalta rasuwar maƙwabcina kuma inuwata, Allon Hanya ta Bakwai, wanda ya faɗi ranar Talata da hantsi bayan doguwar jinya. Na ce nawa ne, kuma nawa ne. Hukuma ta kafa shi ta kama gabanta. Ni na yi ta share masa fuska, ina kankare takardun masu maganin basir da na masu neman ƙuri'a, tun gashina yana baƙi har ya koma yadda kuke ganinsa yau.

Marigayin ɗan babban gida ne. Hanyar da yake wa hidima ta fara ne a matsayin burtalin shanu, ta zama jar ƙasa, aka zo aka malala mata kwalta. A shekarar da hukuma ta raba wa manyan hanyoyin ƙasa lamba, aka ce duk wadda ta taso daga kudu ta nufi arewa a ba ta lambar mara, irin su Biyar da Tara, wadda ta ratsa daga gabas zuwa yamma a ba ta lambar cika, irin su Biyu da Huɗu. Tamu ta samu Bakwai. A nan gaban rumfata hanya ta rabu biyu, kuma a lokacin reshen hagu shi ne Bakwai, shi ke gangarawa zuwa gadar kogi. Aka kafa marigayin a tsakiyar rabuwar, kore shar, ƙafafu biyu na ƙarfe, lamba fara tas, da kibiya da aka ɗaure masa a ƙirji da noti guda, tana nuna hagu.

Ya rasu ya bar 'yan'uwa maza, Hanya ta Biyar da ta Tara, waɗanda ba su taɓa haɗuwa da shi ba domin kowa layinsa yake bi. Ya bar surukai, ta Biyu da ta Huɗu, da suke gitta gidansu can gaba ba sallama. Ya bar 'ya'ya, Saba'in da Ɗaya da Saba'in da Biyu, ƙananan rassa masu cin sunan uba. Ya bar jikoki, duwatsun kilomita, yawancinsu ciyawa ta haɗiye. Ya bar ni, da Mai-lemo da take kasa kayanta a gindinsa, da mai walda na tsallaken titi. Ya kuma bar tsohuwar gada, kuma saboda ita nake wannan sanarwa.

Ba mai surutu ba ne. In iska ta taso sai ya ce ƙiiii, ya yi shiru. In tirela ta wuce da kaya ya ce gwarrr, har cikin haƙoranka. Da damina ruwa yana dukansa yana tan-tan-tan, ni kuwa ina gyangyaɗi a kan tsohuwar taya. An jefe shi da dutse, an jingina masa babur, awaki sun sosa jiki da ƙafarsa, wani direba ya taɓa yin baya ya lanƙwasa masa kafaɗa, bai taɓa kai ƙarar kowa ba.

Babbar nagartarsa ita ce gaskiya, kuma a wannan mararraba shi kaɗai ke da ita. Da tsohuwar gada ta fara gajiya, hukuma ta gina sabuwa can sama, ta ja kwalta daga reshen dama zuwa gare ta, ta ɗauke lambar Bakwai ta mayar can. Ma'aikata suka zo, suka sassauta notin, suka juya kibiya dama, suka ɗaure, suka sha lemo suka tafi. Daga ranar reshen hagu ya zama maraya. Hanyar da ba ta da lamba ba ta da mai duba ta, gadarta ma haka. Marigayin ya karɓi sabon umarni ba musu. Mu ne muka ƙi. Sabo turken wawa! Har gobe in baƙo ya tsaya ya tambayi Bakwai, hannun ɗan garin nan hagu yake tashi kafin bakinsa ya buɗe. Ba mugunta ba ce, haka aka haife mu. Ni kaina sau nawa ina cewa dama, hannuna yana can yana nuna hagu, kamar ba nawa ba.

Za ku ce me ya hana a toshe hagun. Mun toshe, wallahi mun toshe. Na jera tsofaffin tayoyi, mai walda ya kawo ganguna. Amma akwai ƙauyuka kafin a kai gada, mutanensu kuma sai sun fito da amalanke da babura, kowace safiya su ture kayan gefe, ba mai mayarwa. Masu ƙafa da masu babur har yanzu suna haye gadar, suna bin gefe suna kauce wa ramukan da ake hango ruwa ta cikinsu. Babbar mota ce ba za ta ɗauka ba.

Ciwon ajali ya fara masa daga ƙafa. Tsatsa ta ci gindin, ta hau sama a hankali a ƙarƙashin fenti, inda ido ba ya gani. Muryarsa ta canja, ƙiiii ɗin ta koma ƙurrr-ƙas, kamar tsoho mai tari. Na shafa masa baƙin mai, na tokare shi da gungume. Daga baya ciwon ya taɓa masa hankali. Kun san yadda tsoho yake ruɗewa ya koma kiran matattu, yana neman gidan da aka haife shi. Notin ƙirjinsa ya saki, iskar hadari ta juya kibiyar, ta koma ta zauna daram a tsohon gurbinta.

Ba wanda ya lura. Wannan ne abin da yake tsinka mini zuciya. Muna zaune a gindinsa, muna kallonsa safe da yamma, kibiya tana nuna hagu, idonmu ya ga daidai.

Ranar Litinin da azahar ina sunkuye a kan bahon ruwa ina neman hudar tiyub, sai na ji kukan injin babbar mota ya bi ta inda bai kamata ba. Motar katako ce, cike maƙil. Na ƙwala ihu, mai walda ya jefar da abin da ke hannunsa ya haye babur. Ya cim mata tayoyin gaba sun riga sun hau gada. Ya ce yana tsaye yana ɗaga wa direban hannu, wani ɓangaren siminti mai girman ƙofa ya saki daga ƙasa ya faɗa kogi, kuma sai da ya ja numfashi kafin ya ji ƙarar faɗuwarsa. Direban ya yi baya da ƙyar. Da ya dawo mararraba ya sauko, bai zagi kowa ba, ya dai ɗaga yatsa ya nuna allon. Muka ɗaga kai gaba ɗaya. Mai-lemo ta dube shi, ta dube mu, ta ce, "To mene ne? Ai Bakwai ɗin ke nan." Daga nan ta dafe baki. Har yau babu wanda zai iya rantsuwa tun yaushe kibiyar ta juya.

Washegari muka shiga yi masa magani. Mai walda ya hau ganga ya kama notin da sifana, yana murɗawa notin ya karye, kibiya ta faɗo, wurin da take ya ɓurme kamar busasshen ganye. Ƙafar hagu ta bi, ta dama ta bi. Marigayin ya ce ƙararas, ya kwanta rub da ciki a kan lemon baiwar Allah. Ita ce kalmarsa ta ƙarshe. Na roƙi mai walda ya ɗinke shi. Ya ƙwanƙwasa nan, ya ƙwanƙwasa can, ya ce, "Baba, babu ƙarfe a nan, tsatsa ce ta sha fenti. Ka yi haƙuri."

Na je ofishin manyan hanyoyi na kai labarin mutuwa. Ma'aikacin ya karɓe ni da mutunci, ya ce ramin allon yana ɓangaren hanyar da aka soke, su kuma da lamba suke aiki. Na je ofishin ƙananan hanyoyi, suka ce Bakwai ta fi ƙarfinsu, ba su da ikon rubuta ta ko a jikin bango. Kowa ya yi mini ta'aziyya. Na dawo na samu falle na katako na zana Bakwai da kibiya da fenti. Direbobin nesa ko kallo bai ishe su ba, kuma ban ga laifinsu ba, domin da irin wannan allon hannu 'yan fashi suke karkatar da mota.

Yanzu ga abin da ya hana ni cin abinci. Ina da ɗa, babban ɗana. Ƙanena ya ɗauke shi yana ƙarami ya tafi da shi kudu, tun kibiya tana hagu da izinin hukuma. Can ya girma, can ya koyi tuƙi, bana ya samu aikin jan tankar mai. Makon jiya ya kira ni da murna, ya ce an ba shi tafiyarsa ta farko zuwa arewa, ta Bakwai, zai wuce ta gabana amma ba zai tsaya ba, an hana su tsayawa da kaya. Na ce masa, "Kada ka tambayi kowa a mararraba, har ni ubanka. Ka dubi allo kawai." Ban ce dama ba, ban ce hagu ba, don ban yarda da bakina ba, na yarda da marigayin. Tun ranar Talata nake kiransa, matar nan ta cikin waya tana ce mini a kashe take. Ban san ranar da zai iso ba. Ban san launin motar ba. Uwarsa ta daina tambayata, sai dai ta fito ƙofar gida duk lokacin da ta ji babban inji yana gangarowa. Ina jin tsoro, jama'a, ban ɓoye muku ba. Mararrabar nan a ƙasan gangara take, tanka mai kaya ba ta tsayawa shawara, kuma hagu kawai yaron ya sani.

Za a yi jana'iza ranar Asabar da hantsi a bayan shagon mai walda. Shi zai yanka gawar gida-gida, mai sayen tsofaffin ƙarafa ya ɗauka a amalanke. Ba a bukatar kuka, ba a bukatar abinci. Za a karɓi gaisuwa a rumfar Mai-lemo, amma ana roƙon masu zuwa daga nesa kada su tambaye ta hanya.

Iyalan mamacin suna ba da haƙuri, babban mai makoki ba zai samu halarta ba. Ina tsaye a cikin ramin da marigayin ya bari, daga fitowar rana zuwa faɗuwarta, na ɗaure hannun hagu a bayana da tsohon tiyub, na miƙe na dama. Sauran direbobi ɗaukata suke mahaukaci, ba komai. Fatana ɗana ya gane fuskata ta cikin gilashi, ko da yake rabonsa da ni tun ina da haƙora. Duk mai son yi wa mamacin alheri, ya zo ya karɓe ni lokacin sallah, ya tsaya mini har in idar. Sharaɗi ɗaya ne: kada ya zama haifaffen garin nan.