Durƙuson Alhaji Sabitu a Japan

Tunda kun dame ni da tambayar wace magana ce ta hana Alhaji Sabitu korar ƙanensa daga gida, to ku gyara zama, don a kan idona aka yi komai, tun daga Japan har Funtuwa.

Alhaji Sabitu dai kun san shi, dillalin tsofaffin injinan mota ne, ni kuwa bakanikensa ne, ba ya sayen inji sai na saurari kukansa. Abin da wasunku ba su sani ba shi ne ubansa, marigayi Ɗan'azumi, makaɗin molo ne. Da molon nan ya ciyar da su, da shi ya sa Sabitu a makaranta, da shi ya yi masa auren fari. Amma tun da Allah ya buɗa wa Sabitu, ba abin da ya tsana a duniya irin a ambaci molo a gabansa. In baƙo ya tambaye shi sana'ar mahaifinsa sai ya gyara hula ya ce manomi ne, alhali duk garin nan an san Ɗan'azumi ko ƙotar fartanya bai taɓa riƙewa ba.

Ƙanensa Tanimu shi ya gaji molon. Yana zaune da matarsa da 'ya'yansa huɗu a ɗakuna biyu na bayan gidan gado, wanda Alhaji ya saye daga hannun magada ya rushe ya gina bene. Ana saura kwana uku mu tashi zuwa Japan, wani ya yi suɓul da baka a wajen ɗaurin aure ya kira Alhaji "ɗan mai molo". Shi ke nan fa, Alhaji ya dawo gida yana huci, ya sa aka kira Tanimu.

Ya ce, "Kai, na gaji da abin kunyar nan. Ko ka fasa wannan ƙoƙon roƙon, ko in dawo daga Japan in tarar ka tashi daga gidana. Zaɓi ɗaya."

Tanimu ya ce, "Yaya, molon Baba ne fa."

"Ko na kakan Baba ne! Ni ban haɗa hanya da maroƙa ba."

Ni dai na ji zafin maganar har cikin raina, amma bakanike ba ya tsoma baki a rigimar gidan ubangidansa.

Muka sauka Japan, muka yi kwana biyar muna zaɓen injina. Ran na shida mutumin da muke ciniki da shi ya ce zai karrama Alhaji, zai kai shi ya ɗanɗana al'adar ƙasarsu. Tafintanmu, wani Bahaushen Kumasi mai suna Mutawakilu da ya daɗe a can, ya yi mana bayani cewa darasin kiɗa ne na 'yan koyo, na awa ɗaya, kuma manyan baƙi ake kai wa. Ina jin an ce kiɗa na saci kallon Alhaji, na ce yau za a yi ta. Ina! Kalmar "manyan baƙi" kaɗai ta shiga kunnensa. Sai ga shi ya fito cikin babbar riga mai aska takwas, yana ta zuba ƙamshi.

Aka kai mu wani ɗan gida na katako, muka tuɓe takalma a bakin ƙofa. A ciki muka tarar da wata tsohuwa 'yar firit, wadda iska mai ƙarfi za ta iya ɗauka, tana zaune a tabarma. Sunanta Fumiko. Ta ɗauko abin kiɗan ta ɗora a cinya, suna ce masa shamisan. Jama'a, dogon wuya, tsirkiya uku, fata a ɗaure a kan ƙoƙo. Wallahi molo ne, sai dai ƙoƙon nasu mai kusurwa huɗu ne kuma ya sha man goge katako.

Na raɗa wa Alhaji, "Ranka ya daɗe, wannan ai kamar..."

Ya ce, "Yahuza, rufe mini baki. Wannan kayan ilimi ne."

Tafinta ya ce ƙa'ida ita ce ɗalibi ya durƙusa gaban malama, ya dafa ƙasa da hannu biyu, ya sunkuyar da kai, sannan a fara. Mutumin da ko hakimi ba ya durƙusa wa, sai dai ya ɗaga masa hannu daga cikin mota, sai ga shi ya tattare babbar riga ya zube, goshi kamar zai taɓa tabarma. Hula ta faɗi, ya ɗauka ya mayar. Tsohuwa ta ce bai yi daidai ba, ya sake. Ya sake kuwa, har yana murmushi. Ya miƙo mini waya ya ce in ɗauki komai, kada in bar ko ɗaya.

Aka zaunar da shi zaman tahiya, aka ɗora masa wani shamisan ɗin a cinya, aka ba shi wani faffaɗan abu kamar marar kwasar tuwo, wai da shi ake bugun tsirkiyar. Alhaji ya daddage ya kai mata sara. Ƙarar da ta fito, in ka ji ta a cikin inji, cewa za ka yi a sauke shi a sayar wa 'yan gwangwan. Tsohuwa ta runtse ido, ta ɗan buge masa hannu da mafici. Alhaji Sabitu, wanda ya taɓa korar direba don ya taka masa inuwa, ya ce wa tafinta, "Ce mata na gode, ta ƙara gyara mini."

Can tsohuwa ta tsaya tana kallon hannunsa na hagu, ta yi wata magana. Tafinta ya ce, "Wai damanka bai iya komai ba, amma hagunka ya san yadda ake riƙe wuyan abin kiɗa. Tana tambaya ko akwai makaɗi a gidanku."

Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe. Na zuba ido in ji amsa.

Alhaji ya ce, "Subhanallahi! Ce mata mu gidan manoma ne."

Tsohuwa ta ce ita kam gado ta yi, wannan da ke cinyarta na ubanta ne, shi ma a wajen ubansa ya karɓa. Sai Alhaji ya dafa ƙirji, ya girgiza kai, ya ce, "Allahu akbar! Ka ji mutanen da suka san darajar asali." Ni kuwa ina riƙe da waya, dariya da takaici sun haɗe mini wuri guda.

Da awa ta cika ya iya bugu uku: tan, tin, tan. Ya zo tashi ƙafafu suka ce ba su san zancen ba, sai da ni da tafinta muka ɗaga shi kamar buhun masara. Aka ba shi wata 'yar takarda mai jan hatimi, wadda ake ba duk wanda ya zauna awa guda, ya karɓa da hannu biyu. Kafin mu bar ƙasar sai da ya sayi nasa shamisan ɗin, ya rungumo shi a jirgi, ya hana a sa shi cikin kaya.

Kwana biyu da dawowarmu ya tara mutane a ƙofar gida bayan la'asar, aka shimfiɗa darduma. Har da Baffa Jibo, ƙanen marigayi, wanda ya zo musamman don ya roƙa wa Tanimu arziki, amma Alhaji ya ce masa maganar ta riga ta ƙare. Aka zagaya da waya kowa ya ga durƙuson, wanda dama tun muna Japan ya tura wa 'yan gida har da Tanimu, aka zagaya da takarda mai hatimi, wadda ba mai iya karanta ko harafi ɗaya a cikinta, har shi mai ita. Sannan ya ɗauko abin ya buga tan, tin, tan ɗinsa. 'Yan amshin shata suka ce, "Kai, Alhaji, sai ka ce a can aka haife ka!"

Ana cikin haka sai ga Tanimu ya fito daga lungu, ya ɗauko katifa a ka, molo rataye a kafaɗa. Ya zaɓi molon ke nan, ya fara kwashe kaya zuwa wani kango da aka ba shi aro.

Alhaji ya ce, "Kai Tanimu, zo ka ga abin kiɗan mutanen da suka waye, ka san bambancin ilimi da roƙo."

Tanimu ya ajiye katifa, ya durƙusa ya gaida manya, ya ce, "Yaya, in taɓa?"

"Taɓa mana, ka ji yadda yake. Amma a hankali."

Tanimu ya juya shi, ya murɗa maƙullan tsirkiya, ya kara kunne, ya ajiye marar tuwon nan gefe. Da yatsunsa kawai ya saki taken da marigayi yake buɗe wasa da shi. Masu wucewa suka tsaya, matan gida suka leƙo ta zaure, Baffa Jibo ya sa hannun riga yana share ido. Na dubi Alhaji, na ga yatsun hagunsa suna motsi a kan gwiwa, suna bin kiɗan ba da saninsa ba.

Da ya farga ana kallonsa sai ya fizge abin, ya ce, "Kai, kada ka mayar mini da shi molo! Ka san wadda ta koya mini? Gado ta yi wajen ubanta, na ubanta ne ma a hannunta. Ni da kaina, da girmana da rigata, sai da na durƙusa mata har ƙasa!"

Tanimu ya gyara ratayar molonsa, ya ɗaga katifa, ya dubi Baffa Jibo, sannan ya dubi yayansa.

Ya ce, "Ai na gani a waya, Yaya. Ashe gadon uba abin durƙusawa ne, in dai uban ba naka ba ne."