Mijin da Ke Jikin Bango

Har ƙasa ta rufe idona ba zan manta da ranar da na tare wani tsoho da mopa a bakin ƙofa ba. Kuma tun yanzu in faɗa muku, laifin ba nawa ba ne ni kaɗai.

Aikin care nake yi, agency ta tura ni wani flat a unguwar Plumstead, can ƙasar Turawa, in riƙa kula da wata tsohuwa 'yar Poland. Sunanta Halina, ni kuwa na mayar da ita Mama Halima, ta kuma amsa. A ƙasarsu 'yar fim ce, ta yi tashe tun zamanin fim marar kala. Turancinta gurgu, nawa ma da sanda yake tafiya, haka muke lallaɓawa.

A bangon falonta akwai hoton aure: ita cikin farar riga, ga ango da kunnuwa kamar marfin tukunya. Wata rana ina shafa mata mai ta nuna shi ta ce, "Mijina. Mugu! Ya mare ni, ya turo ni daga bene, hannun nan ya karye." Tana faɗa tana dariya, na ɗauka dariyar da ta fi kuka ciwo ce. Ranar ko abinci ban ci ba don takaici (to, na ci, amma da fushi).

Wata Asabar ta sa jan baki, ta ce baƙo zai zo mata daga Poland, rabonta da shi tun tana da ƙarfinta. Ina goge ƙasa aka danna ƙararrawa. Ina buɗewa na ga kunnuwan nan! Mutum ya tsufa tukuf, kunnuwa suna nan daram. Ga fure a hannunsa, ga jikar Mama a bayansa da kyamara.

"Kai ne? Amma ba ka da kunya! Ka karya mata hannu, yanzu ka kwaso fure? Wallahi ba ka shiga!" Na gitta mopa. Na yi masa da Turanci, da ya ƙare na koma Hausa, har Allah ya isa sai da na ja masa. Maƙwabta suka leƙo. Bawan Allah ya juya zai tafi.

Sai ga Mama Halima ta dogaro sanda tana ihu: "Mijin fim ne! Na fim!"

Jikar ce ta warware mini, tana share hawayen dariya. Hoton daga fim aka ciro shi, marin ma na fim ne. Hannun kuwa santsi ne ya kwashe ta wajen ɗaukar fim ɗin, tsohon nan ne ma ya kai ta asibiti. Kyamarar kuma tun ɗazu take ɗauka, tarihin rayuwar Mama ake haɗawa.

Na so ƙasa ta tsage in shige. Amma fisabilillahi, wa ke rataye auren ƙarya a falo? Mijinta na gaskiya, marigayi, ɗan hotonsa na liƙe a jikin firij, ni duk zatona mai gyaran famfo ne.

Na saddaƙar aikina ya tafi. Sai Mama ta riƙe hannuna ta ce duk dukan da ta sha a fim, ba a taɓa samun wanda ya tare mata faɗa ba sai yau. Ta hana a kai ƙarata, ta kuma hana a yanke wurin daga fim ɗin tarihin, ni da mopata muna ciki.

Yanzu duk matar da ta ce mini "ga mijina", sai na tambaya: na fim ne ko na sadaki?