Alhaji Badaru, Aminin Darakta

Duk unguwar Sharafiyya ta Jidda babu wanda ya san harkar fim kamar Alhaji Badaru mai yadi, kuma daga bakinsa aka fara jin haka. A da, sai mutum ya shekara bakwai a gaban gwani kafin ya kira kansa ɗan sana'a. Alhaji, da yake Allah ya hore masa basira, yini ɗaya ya ishe shi.

Wata Talata ce wani dattijo ɗan ƙasar Poland, mai suna Kazimir, ya zo ɗaukar fim a Balad, tsohon garin Jidda. Shekara talatin ke nan yana rubuta labari yana shirya shi da kansa. Ya nemi mutum ashirin da za su ratsa wani lungu, aka kwaso su daga kasuwar Bab Makka, har da Alhaji. Tun ranar ya sayi baƙin tabarau, ya naɗe wuya da mayafi cikin zafin Jidda. 'Yan kasuwa suka sa masa Darakta, ya amsa.

"Ni da Kazimir ba ma ɓoye wa juna komai," in ji shi. "Ya ce, ya ustaz, ina zan kafa kyamara? Na ce nan. Halas, shi ke nan."

Da zaɓen shugaban ƙungiyar 'yan gida ya zo, ya fito takara. Aikin shugaba ɗaya ne: in an kama wani babu iƙama, wato takardar izinin zama, shi ke zuwa gaban hukuma ya yi magana.

"Ni da na tsaya gaban kyamarar Turai," ya ce, "ɗan sanda ne zai kaɗa ni?"

Don kowa ya gani da idonsa, ya sa aka nemo fim ɗin, wanda shi kansa bai taɓa kallo ba. Ya tara masu zaɓe a falon Ousmane tela, abokin takararsa, ya raba shayi, ya hana tari.

Minti arba'in da biyu babu Alhaji. Sai ga lungun, ga shi tafe, babbar riga na sharar ƙasa. Can gaba wani ɗan wasa ya ɓullo cikin kakin 'yan sanda. An yi wa sauran sha taran bayani a ranar cewa ɗan wasa ne, Alhaji yana gefe yana gyara hula. Kyamara ta bi shi tiryan-tiryan: ya yar da takalmi, ya tsallake kwandon dabino, ya faɗa bayan wata tsohuwar ƙofa, gefen riga a waje.

Sau uku aka sake ɗaukar wurin daga baya, yana tafiyar ƙasaita. Kazimir, da yake gwani ne, na farkon ya zaɓa.

Alhaji ya gyara tabarau. "Wasa ne. Shi ya roƙe ni."

"Kuma ka iya, Alhaji," in ji Hajiya Rahila mai abinci. "Mu ma haka muke yi, sai dai mu ba a ɗauka."

Bayan la'asar aka kaɗa ƙuri'a. Ousmane ya zama shugaba. Amma ƙungiya ba ta wulaƙanta gwaninta: baki ɗaya aka naɗa Alhaji mai nuna wa sababbin zuwa lungunan Balad.