Injin da Aka Sace a Motar Alhaji Maiwada

Wani mutum ne a Tudun Wadan Zariya, Tanimu, wanda ya ce a riƙa kiransa Injiniya. A cewarsa, shekara tara ya yi a Italiya yana gyaran motocin tsere. Mutanen gareji dai sun san ya taɓa zuwa Legas.

Ran nan Alhaji Maiwada ya sayo tsohuwar motar tsere, irin mai kujera ɗaya, tayoyi a waje tsirara, ga dogon hanci. Yana neman wanda zai damƙa wa amanarta, har ya ba shi ɗaki da babur. Kafin Gambo direba ya gama sauke ta daga tirela, Tanimu ya iso da sifana a hannu.

"Alhaji, wannan ai 'yar gida ce. Ka ga hancin nan? Nan injin yake. Ido rufe nake kwance irinsa."

Gambo ya ce, "Injiniya, anya kuwa..."

"Kai tirela aka ce ka ja."

Ya tsuguna, ƙwar-ƙwar, ya kwance hancin. Ya leƙa. Ba komai sai totur da birki da 'yan wayoyi. Ya sake leƙawa ko Allah zai sa. Mutum ya fi talatin a kansa. Gumi ya tsattsafo masa.

Sai ya miƙe ya tafa hannu. "Innalillahi! An sace injin! Alhaji, wa ya kawo motar nan?"

Kowa ya juya ga Gambo. Alhaji ya ciro waya zai kira 'yan sanda. Tanimu kuwa ya zagaya baya, ya haye kan murfin bayan motar, ya harɗe ƙafa yana bayanin yadda ake irin wannan sata a Turai.

Gambo ya matso. Ya miƙa hannu cikin motar ya danna maɓalli.

Gurrrm!

Tanimu ya yi sama. Hula gabas, takalmi yamma, shi kuma tsundum cikin kwatami.

Gambo ya kashe motar. "Ranka ya daɗe, an fi shekara sittin da mai da inji bayan direba a motocin tsere. Mota ta rage nauyi, ta kwanta ƙasa, tana shan kwana ba gardama. Masu inji a gaba suka yi ta shan ƙura har suka haƙura."

Alhaji ya mai da waya aljihu, ya leƙa kwatamin.

"Injiniya, sannu da ƙoƙari. Ba don ka zauna a kansa ba, da har yanzu muna nan muna nema."