Ranar da Na Musanta Hausa a Kotu

Har in mutu ba zan manta da ranar da na tsaya gaban alƙali a Bangui na rantse cewa ban jin Hausa ba.

A unguwar Kilomita Biyar aka haife ni, a nan aka haifi mahaifina. Lokacin rikici gidanmu ya ƙone har da takardar haihuwata, shi ma Baba bai tsira ba. Da ƙura ta lafa na je neman sabuwar takarda, sai ma'aikatan rajista suka ce babu sunana a wurinsu, wai mai suna Habu Ɗanladi ai baƙo ne. Ba takarda ba katin ɗan ƙasa, ba kati kuwa ko kayan shagona ba na iya rakowa daga iyakar Kamaru. Sai na kai ƙara.

Maƙwabcin shagona, Alhaji Isa, shi ya ba ni shawara (Allah ya yafe masa, ni ma ya yafe mini). Ya ce, "In suka ji Hausa a bakinka za su ce ɗan Nijar ne kai. Ka riƙe Sango, harshen ƙasa, kawai."

Na aro kwat, na rage gemu, na ajiye hula a gida. Na tafi da Inna, mahaifiyata, a matsayin shaida. Tun da gurneti ya fashe kusa da rumfarta ba ta ji sosai, sai an yi mata magana a bakin kunne.

Lauyan gwamnati ya tambaye ni da wane harshe muke magana a gida.

Na ce, "Sango."

"Hausa fa?"

Na ɗaga kai na ce ban san ko kalma ɗaya ba (har da ɗan yatsine fuska na yi).

Aka kira Inna. Alƙali ya yi mata tambaya, ba ta ji ba. Ya maimaita, shiru. Sai ta juyo gare ni, da muryar nan ta wanda ba ya jin kansa, ta ce, "Kai Habu, me bawan Allahn nan yake cewa?"

Bakina ya riga hankalina. "Cewa ya yi a ina kika haife ni, Inna."

Kotu ta kwashe da dariya. Lauyan ya zauna yana murmushi. Alƙali dai bai yi dariya ba, ya dube ni ya ce doka ba ta hana ɗan ƙasa harshen uwarsa ba, amma ta hana ƙarya bayan rantsuwa. Ya ɗage shari'a.

Kafin mu isa unguwar Yakite a hanyar gida, wata mata ta faɗa wa Inna komai a bakin kunne. Ba ta yi faɗa ba. Ta ce, "Da Hausar nan ubanka ya yi ta kiran sunanka ranar da aka shigo da shi cikin jini."

Daga ranar ta daina yi mini Hausa. Abinci, gaisuwa, har sa albarka, duk da Sango. Watanni aka yi kafin shaidar dattawan unguwa ta sa a ba ni takardar, ita kuwa ba ta sauko ba sai da ciwon ajali ya kama ta.

Yanzu duk mai neman shawarar shiga kotu, abu ɗaya nake faɗa masa: in har ƙarya za ka yi, kada ka tafi da uwarka.