Yadda Za Ka Ƙi Tashi Daga Ɗakin Baƙin Yayanka da Hujjar Ƙwayar Zarra

Idan ka sauka gidan yayanka da niyyar kwana uku, yau ga shi an shiga wata na tara, har an daina tambayarka yadda ka kwana, to da kai nake. Ka bi matakan nan ɗaya bayan ɗaya, ni kuma na yi maka alkawari babu mahaluƙin da zai ɗaga ka daga ɗakin nan, ko da ƴan dako huɗu ya zo. Ba asiri ba ne, ba kuma rashin ta-ido irin na kowa da kowa ba. Kimiyya ce zalla, ta ƙananan ƙwayoyin da aka gina duniya da su, da irin jan da suke yi wa juna.

An riga an gwada hanyar a kan mutum guda, wanda danginsa ke kira Farfesa ko da yake bai taɓa koyarwa a jami'a ba. Malamin fiziks ne a wata makarantar kuɗi, har ranar da mai makarantar ya mayar da ita wurin sayar da tayoyi. Farfesa ya ɗauki jaka ɗaya da farin allo ɗaya ya nufi gidan yayansa mai gyaran firji, ɗaki biyu da falo a saman bene. Ɗakin da aka ba shi kuwa nan ne matar yayan, wadda yake kira Anti, take ɗinkinta. Aka fito da kekenta aka cusa a lungu tsakanin firji da ƙofar banɗaki, wai na kwana uku. Ita ɗakinta take so, shi kuma ba shi da wurin zuwa. Ka riƙe wannan, sauran duk ƙarin bayani ne.

Mataki na 1: Ka nuna musu ɗakin babu kowa

Ƙorafin farko da za ka ji shi ne ka cika waje. Kada ranka ya ɓaci, rashin sani ne, kuma maganinsa allo.

Ka jingina allonka a jikin talabijin ka yi musu bayani. Komai na duniya, har kai da katifarka, an yi shi ne da ƙwayoyin zarra, kuma ita ƙwayar zarra kusan duk cikinta fili ne. Da za a hura ta ta kai girman filin ƙwallo, ɗan ƙullin da ke tsakiyarta ba zai fi ƙwayar wake ba. Farfesa ya zauna ya buga lissafi, ya gano cewa in aka matse filin da ke jikinsa, abin da zai rage bai kai ƙurar da ke kan kabad ba. Ke nan a ilmance ɗakin a buɗe yake, ba kowa a ciki.

Anti ta saurara da allura a bakinta har ya kai aya. Sai ta tambaya, tunda babu kowa a ɗakin, wane ne ke cinye ƙwai huɗu kowace safiya. Irin wannan tambaya ba a amsa ta. Ka goge allo a natse, ka ce wannan darasin aji na gaba ne.

Mataki na 2: Ka koyi wucewa irin ta nutirino

Akwai wata ƙwaya da ake kira nutirino, ita ce uwar ɗakinka a wannan sana'a. Biliyoyin irinta ke ratsa farcen babban yatsanka kowace daƙiƙa, su ratsa bene, su ratsa ƙasa su ɓulla ta ɗaya gefen duniya ba su gaisa da kowa ba.

Haka za ka riƙa ratsa falo. Ranar da gas ya ƙare ana neman mai sauke tukunyar daga bene, ko ranar da aka ɗauke ruwa ana hawa da jarkoki, kai dai ka bi tsakanin kujera da tebur ba tare da kun haɗa ido da kowa ba. Farfesa ya ƙware har wata mai kawo ɗinki ta yi wata biyu tana zuwa gidan tana zaton labule ne ke motsi. Masana sun ce ko nutirino takan yi karo da wani abu jefi-jefi. Naka karon ya zama da tukunyar abinci, sau uku a rana.

Mataki na 3: Kada a san inda kake da inda ka dosa a lokaci guda

Doka ce a duniyar ƙananan ƙwayoyi: in ka san daidai inda ƙwaya take, ba za ka san gudunta ba, in ka san gudunta, ta ɓace maka. In Yaya ya same ka kwance ya tambayi ina aka kwana a maganar neman aiki, ka ce abubuwa na tafiya da sauri, sai dai ba a san inda suke ba. In ya kira ka a waya ya ce kana ina, ka ce kana hanya. Kada ka taɓa ba shi amsa biyun rana ɗaya.

Mataki na 4: In an ja ka, ka zama biyu

A cikin ɗan ƙullin nan na tsakiyar zarra akwai wasu ƙwayoyi da ake kira kwak. Ba a taɓa kama ɗaya ita kaɗai ba. In ka ja ta da ƙarfi don ka raba ta da ƴan uwanta, ƙarfin da ka zuba shi zai rikiɗa ya zama sababbin kwak, ka tashi da ƙari maimakon ragi.

A wata na biyar Yaya ya fara ja. Ya ce akwai wani ɗan ɗaki a bayan shagonsa, in an kwashe matattun firji uku mutum zai iya miƙe ƙafa. Farfesa bai yi musu ba. Washegari da azahar sai ga shi da tsohon abokin aikinsa, malamin kemistiri, riƙe da ƙatuwar jaka. Babu komai a jakar sai tsofaffin jaridu, amma wa ya sani? Baƙon ya ci shinkafa faranti biyu, ya leƙa ɗakin ya yaba iskarsa, ya tambaya ko katifar na ɗaukar mutum biyu. Daga ranar Yaya bai sake tada maganar bayan shago ba sai da aka yi wata uku.

Mataki na 5: Ka zama ɗan aike

Nan ne gwaninta take. Ƙwayoyi ba sa jan juna ko ture juna kai tsaye, sai sun yi aike, wata ƙaramar ƙwaya tana kai saƙo tana kawowa. Wanda ya zama ɗan aike ya zama dole.

Farfesa ya lura cewa Yaya da Anti sun daina hira. Suna zaune a falo ɗaya, shi a tsakiyarsu da rimot a hannu, sai Anti ta ce ya gaya wa yayansa firji na zubar da ruwa. Ya juya ya faɗa. Yaya ya ce ya gaya mata zai duba ranar Lahadi. Ya juya ya faɗa. A gidan mai gyaran firji, ka sani, ba a gyara firji.

Abin ya taɓa zuciyar Farfesa, domin yana son yayansa tsakani da Allah, Anti ma ba ya ƙin ta. Ya shiga ɗaki ya zana ƙwallaye uku a allo, irin na cikin ƙullin tsakiyar zarra. Biyu furoton ne, masu caji iri ɗaya, waɗanda in aka bar su su kaɗai sai su ture juna kowa ya kama gabansa. Na ukun nutiron ne, marar caji, marar ra'ayi, wanda zamansa a tsakani ke riƙe ƙullin. Ya daɗe yana kallon zanen har idonsa ya ciko. Ashe duk watannin nan ba cin ƙwai yake yi ba, aure yake riƙewa.

Kai ma ka yarda da wannan har cikin ranka. Hujjar da mai ita ya gaskata ta fi wuyar turewa.

Mataki na 6: Ka ɓoye babbar hujja sai ranar da aka haɗa maka jaka

Ranar za ta zo. Ta Farfesa ta zo ne wata Talata, da ruwan firji ya bi ƙarƙashin keke ya jiƙa farin yadin wata mata, yadi goma, ya bar masa taswirar tsatsa. Matar ta zo ta faɗi abin da ta faɗa a gaban maƙwabta, ta kwashe sauran ɗinkinta ta tafi. Anti ba ta yi kuka ba, ba ta ɗaga murya ba. Ta wanke kayan Farfesa ta goge, ta gyara zif ɗin jakarsa da ya mutu, ta shirya komai ta ajiye a bakin ƙofa. Yaya ya dawo da la'asar da makullin ɗakin bayan shago, ya ce an kwashe firji ukun.

Farfesa ya ɗauko allo. Ya nuna musu furoton biyu da nutiron, ya yi bayanin abin da zai sami ƙullin in aka zare na tsakiya. Da ya ga babu wanda ya motsa, sai ya ajiye alƙalamin, muryarsa ta sauka.

"Yaya, nutiron a cikin ƙulli yakan yi shekara dubu dubu lafiya lau. In aka fitar da shi shi kaɗai, kusan minti goma sha biyar yake yi ya wargaje. Ba ni na faɗa ba, an auna."

Wannan karon ba dabara yake yi ba. Tsoro yake ji na gaske. Tun da aka rufe makarantar babu wanda ya sake tashi tsaye don ya shigo aji, kuma bai san abin da zai ce wa bango huɗu da warin tsohon firji ba. Yaya ya sunkuyar da kai yana juya makulli a hannu, saura kaɗan ya karaya.

Anti ta cire tef ɗin awo daga wuyanta ta ce, "To Farfesa, ai ku kuka ce kimiyya sai da gwaji. Ka tsaya nan bakin ƙofa da agogonka. In ka ji ka fara wargajewa, ka ƙwanƙwasa, wallahi da kaina zan buɗe."

In aka ƙure ka da gwaji, shi ke nan. Ka ɗauki jakarka.

Mataki na 7: Ka duba agogo

Farfesa ya tsaya a kan matattakala, jaka a dama, allo a hammata. Tausayinsu yake ji fiye da na kansa, yana jiran ƙarar faranti ko ta ƙofa. A minti na uku ya ji ana jan keken ɗinki a kan siminti. A minti na bakwai ya ji ƙarar sukuddireba a bayan firji, yau Talata. Ya taɓa gwiwoyinsa, suna nan.

A minti na goma sha ɗaya ya ji abin da bai taɓa ji ba a wata tara. Anti ce ke dariya, irin wadda mutum ke yi har ya dafa bango, Yaya na ba ta wani labari da wata murya da Farfesa bai san yana da ita ba. Ta kira shi da wani suna na wasa, ya amsa. Ba su nemi ɗan aike ba.

Ya sake kallon zanen da ke hammatarsa. Lissafin daidai yake, ƙwallayen ne ya sa wa suna ba daidai ba. Mutanen nan ba ture juna suke ba, wuri suke jira a ba su.

Minti goma sha shida ya cika. Bai wargaje ba, yunwa kawai yake ji. Ya ɗaga hannu zai ƙwanƙwasa, dariyar ta sake tashi, sai ya mayar da hannun aljihu ya sauka a hankali don kada takalminsa ya yi ƙara.

Sanarwa

Mai wannan rubutu ba shi da hannu a duk abin da ya biyo bayan bin matakan nan, ko fitar jaka, ko tsatsa a yadin mutane, ko jin dariyar da ba da kai ake yi ba. Alkawarin da na yi a sama na ƙwayoyin zarra ne, su ne ba su da matar yaya. Wanda ya ga abin bai yi masa aiki ba ya kai ƙararsa wurin nutirino, in ya kama ta.

Kada kuma kowa ya nemi adireshina. Ni ne malamin kemistirin nan mai jakar jaridu. Farfesa ya kwana ɗaya a bayan shago, washegari ya ƙwanƙwasa ƙofata ya ce kwana uku zai yi. Yau wata huɗu ke nan, allonsa na jingine a jikin talabijin ɗina, kuma jiya matata ta ce masa ya gaya mini gas ya ƙare.