Na'urar da ta so ƙwace wa Tanimu tuwonsa

Kun dai san Alhaji Gambo mai taki, wanda in ya ce rana daga yamma take fitowa sai dai ka gyara zama ka ce haka ne. To akwai wani Tanimu da ya tsufa a zaurensa. Ba noma, ba kasuwa, ba ko ɗaukar buta. Sana'arsa guda ce: Alhaji ya yi magana, shi ya ce, "Ka yi gaskiya, ranka ya daɗe." Da wannan yake cin tuwon gidan safe da yamma, har da ɗinkin salla. Ni kam haushinsa nake ji, amma wallahi ya iya aikinsa.

Ran Asabar sai ga Nazifi, ɗan ƙanwar Alhaji, daga Abuja, ya sha kwat cikin wannan zafi. Wai kamfaninsu ya fito da sabuwar manhajar ƙirƙirarriyar basira mai jin Hausa, yana so kawunsa ya fara gwadawa. Ya ɗora waya a kan kilishin da Alhaji ke zaune a kai, ya kama zuba kamar mai tallan maganin basir a tasha.

"Kawu, wannan tana rubuta wasiƙa, tana fassara Turanci, tana gaya maka lokacin zuba taki, har shawarar lafiya tana bayarwa. Aikin mutum goma take yi, kuma ba ta gajiya."

Tanimu ya taɓe baki. Shi dai ba ya cikin mutum goman nan, don bai taɓa yin aikin ko mutum ɗaya ba.

Alhaji ya ɓantari goro ya matso da bakinsa kusa da wayar. "Ke, goro yana maganin hawan jini ko ba ya yi?"

Wata murya mai sanyi ta ce, "A'a, Alhaji. Likitoci ma cewa suke mai hawan jini ya rage cin goro."

Rabon da a ce wa Alhaji a'a a wurin nan tun mahaifiyarsa na da rai.

"Ƙarya kike yi," in ji Alhaji. "Tun kafin a haifi uban wanda ya ƙera ki nake cin goro, ga ni garau."

Ko numfashi na'urar ba ta ja ba ta ce, "Ka yi gaskiya, ranka ya daɗe. Kuskure nawa ne, a gafarce ni. Ai kai ka fi kowa sanin jikinka."

Nazifi ya ji kamar ƙasa ta tsage ya shige. Ya hau kame-kame. "Kawu, wannan ɗan lahani ne, in aka matsa mata sai ta bi ra'ayin mutum. Muna kan gyarawa."

"Ku gyara me?" Alhaji ya washe baki, haƙoran nan jajir. "Kul kuka taɓa ta. Ai yarinyar nan ta samu tarbiyya. Me take ci?"

"Ba ta cin komai, Kawu. Caji kawai ake sa mata."

"Ba tuwo? Ba ƙarin miya? Ba ɗinkin salla?"

"Ko ɗaya."

Alhaji ya juya a hankali ya zuba wa Tanimu ido, tun daga hula har silifas, irin kallon da ake wa tsohuwar mota in sabuwa ta iso. Daidai lokacin ne aka shigo da akushin tuwo, Tanimu kuwa ya ga alamar ba da shi za a buɗe ba.

Sai ya gyara murya, ya rusuna.

"Allah ya ba ka nasara, na'ura kam ta yi, ba ni da ta cewa. Amma a garin nan da wuta ke tafiya sai ta ga dama ta dawo, in cajinta ya ƙare, wa zai riƙa ce maka ka yi gaskiya?"